Mas'uda Mai Nono da Shari'ar Maraɗi

Zamanin Faransawa aka gurfanar da Sada a kotun Maraɗi, wai shanun gadonsa na sata ne. Ƙanwarsa Mas'uda, mai tallar nono a Kurfi, ba ta san hanyar kotu ba, amma ta san kasuwa. Ba ta ɗaga faifan ƙwaryarta sai mai saye ya saurari labarin Sada.

"Malam, in sauri kake, ga nonon wata can!" in ji ta.

Har Dutsin-Ma ta kai talla. Can maganar ta iske tsohon da ya tsaga kunnuwan shanun tun suna maruƙa, ya ƙetara iyaka ya ba da shaida cewa shanun gidan su Sada ne.

Ranar da Sada ya dawo, Mas'uda ta ɗaga faifai ta hau auna nono kai tsaye. Masu saye suka yi cirko-cirko, suna jiran labari.