Sakainar Nahiya

Jiya jikata mai karatun duwatsu a jami'a ta bugo mini waya rai a ɓace. Wai an ce mata Hausa ba ta da sunan guntun nahiyar da ya ɓalle ya tsaya shi kaɗai a teku. Na ce, "Amarya, saurara."

Farkon 'yancin kai ina sabon malamin lakwal, wato makarantar boko, a Kore Mairuwa. Na nuna wa yara Madagaska a taswira, suka ce ai tsibiri ne, irin tudun yashin tsakiyar tabki. Na yi ta zuba Faransanci, ba wanda ya gane.

Washegari na ɗauko ƙwaryar maiɗakina mai zane, na fasa gabansu, na saka sakaina ɗaya cikin ruwa. Na ce, "Wannan ba tudun yashi ba ne. Ku dubi zanenta, daga jikin uwarta ta fito. Sakainar nahiya ke nan."

Sai ga direkta, shugaban makarantar, a bakin ƙofa. A Faransancin lakwal, "mushe" ake ce wa malami. "Mushe, Hausa cikin aji? Ka sake, in sa a cilla ka ƙauyen ƙayau!"

Na ce, "Ranka ya daɗe, a cilla ni. Can ma akwai ƙwarya."

An kuwa cilla ni, ga fushin maiɗaki. Amma yaran nan har suka yi furfura ba su manta ba.

Na ce wa jikata ta kai musu sunan, kada ta nemi izinin kowa. Harshe ba ya rasa suna, sai dai masu shi su ji tsoro. Ku fa, me za ku kira guntun nahiyar nan?