Sunan Abla Busaina da Manyan Baƙi

Kullum da hantsi Abla Busaina Garib takan shiga taragon mata na jirgin ƙasan Alƙahira, ba don tana da wurin zuwa ba. Zama take yi da ledar kayan miya a cinya, tana sauraren mata suna faɗa kan kujera, suna tsine wa mazajensu. Da ta koma gida a unguwar Shubra sai ta rubuta abin da ta ji. Haka ta yi shekara arba'in, har watan jiya da ido ya hana ta.

Maganganun matan fina-finan marigayi Ustaz Midhat, waɗanda iyayenku suka haddace, daga taragon nan suka fito. Amma a allon sunayen masu aikin fim, nata yana can ƙasa: mai buga tafireta. An ce 'yan kallo ba sa sayen tikiti in sun ga sunan mace, wai mace ta iya hira amma ba ta iya gina labari ba. Ban taɓa ganin wanda ya tambayi 'yan kallon ba.

Ni ma ban tambaya ba. Ni ce mai sharhin fim da ta rubuta a jarida cewa babu namijin da ya san zuciyar mace kamar Ustaz Midhat. Na rubuta haka alhali na ga takardun fina-finan a teburin Busaina, da rubutun hannunta, har da tabon shayi. Tsoro na ji kada a daina gayyata ta kallon farko. Washegari muka haɗu da ita.

"Durriyya 'yar'uwa," in ji ta, "kin ci girkina, kin je kin gode wa maƙwabci. Gishirin dai ya ji?"

Dariya na yi. Har yau dariyar nan tana ƙona ni.

Busaina, ke ce kunnen Alƙahira. Ke kika sa mai wanki ta yi magana a majigi kamar mai wanki, ba kamar lauya ba. Na gode, kuma na ji kunya.

Yanzu ana gyara tsofaffin fina-finan, masu gyaran sun ce ba za su taɓa allon sunaye ba sai da shaida. Jiya na sa hannu a matsayin mai shaida. Ku da kuka ga irin abin da na gani, kada ku jira tsufa kamar ni. Ku 'yan mata masu rubutu, ku shiga taragonta, amma ku fito da sunanku.

Da na kai wa Busaina labari, sai ta ce: "To ki ce musu su rubuta da manyan baƙi. Kin bari sai da na daina ganin ƙanana."