Kadangaruwar Ƙarau a Katangar Tagwai

Duk inda ake ɗaukar zanen yatsa, a banki ko wajen rajista, sai an yi dambe da babban yatsan Baba Tagwai. A goge, a danna, a sake gogewa, na'ura ta ce ba ta san zancen ba. Shi kuwa dariya yake yi, ya ce 'yarsa ce ta cinye zanen.

Mutumin Kudancin Kaduna ne, ya zo Kakuri da ƙuruciya ya kama aiki a masaƙa. Da masaƙa ta rufe, abokansa wasu suka koma gida noma, wasu suka hau acaɓa, shi ya ɗauki cokalin gini. Bai zama wani babban birkila ba, a faɗi gaskiya. Abin da ya ƙware a kai shi ne dasa fasassun kwalabe a kan katanga don maganin ɓarayi. Daga Makera har Unguwar Sanusi, in ka ga katanga ta yi haƙora a jere ba karkace, hannunsa ne.

'Ya ɗaya Allah ya ba su shi da matarsa Juliana. Sunanta Abigail, sunan mahaifiyarsa, shi ya sa yake kiran ta uwata. An haife ta da fata mai bushewa, tana tsattsagewa ɓawo-ɓawo a hannuwa da ƙafafu. Man kaɗanya, man asibiti, addu'ar fasto, jiƙon maƙwabcinsu Malam Bashir, ba wanda ba a gwada ba. Likita ya ce ba a ɗauka, amma ba ya warkewa, sai dai lallaɓawa.

Tana aji uku yara suka laƙaba mata kadangaruwa. Ka san bakin yara, ba linzami. Ta dawo gida ta zura suwaita cikin zafin watan Maris, ta shige ɗaki, ta ce ita da waje har abada. Mako biyu ko ƙofar gida ba ta leƙa ba. Juliana ta yi lallashi, ta yi faɗa, ta ɗauko bulala, ta ajiye ta fashe da kuka.

Abin ya ci ran Tagwai ƙwarai, ga shi shi ba gwanin magana ba. Yana kan katangar wani Alhaji yana aiki sai ya ga kadangare yana ratsa tsakanin kwalaben, hasken rana ya rina bayansa kore. Da la'asar ya zauna a bakin ɗakin, ya ba ƙofar baya, ya fara ba Juliana labari da muryar da har maƙwabta za su ji.

Wai akwai wata ƙasa, Tudun Ƙarau, can bayan inda rana take faɗuwa. Kadangarun can ɓawonsu na ƙarau ne, raɓa kawai suke sha. Toka-toka ake haifar su, jikinsu yana ƙaiƙayi yana tsagewa. Wadda ta ɓuya a rami haka za ta tsufa. Wadda ta fito rana ta taɓa ta kuwa, sai ta kama walƙiya, har matafiya su riƙa gane hanya da ita. Juliana ta ce Baban Abigail, ƙaryar ta isa haka.

Sai murya ta fito daga ɗaki: "Wa ya taɓa ganin su?"

"Ni, uwata. Ɗaya ma za ta zo mana ran Lahadi."

Da bakinsa ya ja wa kansa aiki. Kwana shida yana zaune da dutsen wasa wuƙa, yana goge ɓarɓashin kwalba ɗaya bayan ɗaya har kaifin ya mutu. Mutumin da ya yi shekaru yana juya tsini sama don ya yanki mutane, yau shi ne yake gwada kowane gutsure a leɓensa. Yatsunsa suka yi jini, ya naɗe da tsumma ya ci gaba. Ran Asabar ya kwaɓa siminti ya jera su siffar kadangaruwa, tsawon hannu, a katangar gidan. Amma ta wajen titi, inda take kallon gabas. Wanda zai gan ta, dole ya fita.

Ran Lahadi da safe, kafin coci, Abigail ta fito tana raɓewa da bango. Yaran layi sun riga sun taru suna kallo. Rana ta haska, kadangaruwar ta kama kore da fari da ruwan zuma. Abigail ta sa hannu ta shafa bayanta, sumul, ba inda ya yanke ta. Shekarunta tara, ba wawiya ba ce, ta gane gindin kwalbar lemo. Ta dubi tsummokaran da ke yatsun ubanta ta daɗe tana dubawa.

Washegari ta sa rigar makaranta mai gajeren hannu. A bakin layi wani yaro ya yi ihun kadangaruwa. Tagwai yana ƙofar gida yana kallon ta. Ba ta ko tsaya ba, ta ce, "Ta ƙarau," ta wuce.

Fatar ba ta warke ba har yau, zanen yatsun ma bai dawo ba. Abigail malamar firamare ce yanzu, ita take raka shi banki. In na'ura ta ƙi, sai ta ciro man kaɗanyarta daga jaka, ta shafa a yatsan a hankali, ta danna masa da hannunta. Ko na'urar ta karɓa, ba ta saurin sakin yatsan.