Faɗan Zabuwa da Kyanganci

Ina shekara ta biyu a lise, wato babbar sakandare, malaminmu da muke kira Mushe ya ce kowa ya zaɓi wani ƙaramin harshe ya yi bayaninsa gaban aji. Ni na zaɓi Baybay, wani harshe na can ƙasar Filipin da na tsinta a waya. Na cika shafi huɗu, na ja layuka da jan alƙalamin bik. Mushe ya duba ya ce, "Aiki ya yi. Amma kai ba Bakyange ba ne? Ina naku?"

Na sunkuyar da kai. A gidanmu na Gaya Hausa muke yi, a kasuwa Dendanci. Ya ba ni mako biyu in kawo wa aji Kyanganci su ji da kunnensu.

Ran Asabar na hau kabu-kabu zuwa Yelu wurin kakata. Tana ganina ta ce, "Ji angon banza! Mazan kirki na kawo atamfa, kai ka kawo kaye, ɗan littafin rubutu."

Na tambaye ta yadda ake ce wa ruwa, gero, akuya da Kyanganci. Ta faɗa, na rubuta. Da na ce ta yi mini hira doguwa in ɗauka a waya, sai ta yi jimla biyu ta zame cikin Hausa.

"Da wa zan yi? Da kai, kurma? Magana sai da mai amsawa."

Mai amsawa ɗaya ce ta rage a unguwar, tsohuwar da ke bayan darninta. Damina uku ba sa ga maciji, tun da zabuwar kakata ta yi ƙwai a gidan tsohuwar, ita kuwa ta riƙe ƴaƴan.

Sulhu ya fi ƙarfina, ni da ko gaisuwa ke sa ni gumi. Na dai shiga gidan, na durƙusa, na karanta mata kalmomina goma sha biyu ko za ta ƙara mini.

"Wa ya koya maka wannan?"

"Kakata, Iya."

"Ita? Ita har ta iya da za ta koyar?"

Ta jawo sandarta ta nufi darni. Kakata, wadda ashe kunnenta na manne a wurin, ta riga ta miƙe. Abin da ya biyo baya ba Hausa ko ɗaya a ciki. Na ɗaga waya tsakaninsu ina ɗauka har batir ya mutu. Daga ƙarshe ma na ga suna ƙunshe dariya.

Na kunna wa aji. Mushe ya ce, "Me suke cewa?"

"Zancen zabuwa ne, Mushe. Sauran maganar kuwa sun ƙi fassara mini, wai ba na yara ba ne."

Har yau ba su shirya ba. Kullum da hantsi suna fitowa bakin darni su ɗora daga inda suka tsaya, ni kuma duk Asabar ina can da kayena. Yanzu ina gane kusan rabin zagin.