Asabar ɗin da Hajiya Asabe ta mayar wa fim muryarsa

Har gobe ban manta da ranar da muka haska fim ɗin Hajiya Asabe ba. Ku sababbin zuwa kuna jin Oga Bashir yana tsokanata da "Rabi mai littafi". To ga asalin sunan.

Lokacin ban daɗe da kama aiki a situdiyonmu na Kado ba, ina mataimakiyar mai tace hoto. Aikina juyar da tsofaffin kaset na bidiyo zuwa kwamfuta: a goge kaset, a sa shi a na'ura, a kwashe hoto da sauti, a gyara abin da zai gyaru. Wata rana da damina wata dattijuwa, Hajiya Asabe, ta zo daga Jiwa da kaset ƙulle a ɗankwali. Fim ne da ƙungiyarsu ta wasan kwaikwayo ta yi tun kafin a haife ni, ita ta fito a uwa. Jikokinta ba su taɓa ganinsa ba, in ta ba su labari sai su yi ta dariya, wai cika baki take. So take su gani da idonsu.

Na juya shi. Hoto ya fito, amma danshi ya cinye sautin fitowar ƙarshe kaf. Kuma nan ne wasanta: ɗan da ya sayar da gonar gado ya gudu birni ya dawo, ya durƙusa a gabanta. Baki na motsi, ba a jin komai.

Oga ya ce a yanke wurin. Na ce, "Oga, in aka yanke me ya rage mata? Sauran fim ɗin ai shara kawai take yi a tsakar gida."

Hajiya ta taɓa ce min daga wani littafin hikaya suka ɗauko labarin, sai na sa wani ɗan Kano mai sayar da littattafai ya nemo min tsohon kwafi. Dabarata in kwafi maganganun in rubuta su a ƙasan hoto. Na buɗe shafin ƙarshe: uwar ta yafe, har da kuka. Na dubi hoto: matar nan nuna ɗan take da yatsa, jijiyar wuya a tashe. Ko kusa ba su haɗu ba.

Na kira ta raina a ɓace. "Hajiya, wai ba ku bi littafin ba ne?"

Ta yi dariya. "Ƴar nan, mun bi mana. Karon farko a dandamali na yafe masa, sai mata suka yi mana caa, wata har ta jefo takalmi. Wai ya sayar da gona kuma a yafe masa a banza? Shi ne muka canza. Mun zaga garuruwa da shi kafin mai kyamara ya zo. Kafa ta kawai ya yi a gabanmu, muka yi abin da muka saba."

"To ina rubutun wasan?"

"Wane rubutu? Ke dai ki haska, ki bar min sauran."

Gaskiya ban yarda ba, amma Oga ya ce a yi mata yadda take so. Ranar Asabar bayan la'asar muka jera kujeru. Jikokin suka zo, kowa kansa a kan waya. Da aka kai wurin, sauti ya ɗauke ɗif. Hajiya ta miƙe. Na miƙa mata makirufo, ta ture hannuna. "Riƙe kayanki. Na layin baya ma yana jina a da."

Ta tsaya gefen allo ta buɗe baki. Kowace kalma tana faɗawa daidai kan leɓen matar da ke cikin hoton. Inda waccan ta ja numfashi, nan ta ja. In ɗan zai yi magana sai ta sauke murya ta yi tasa, don mai wasan ya daɗe da rasuwa. Oga ya raɗa min, "Haka ake yi zamanin majigi, mai bayani a gefe. Ke, danna ɗauka!" Na danna. Wannan muryar ce ke kan fim ɗin yanzu.

Da aka kunna fitila ba wanda ke riƙe da waya. Babbar jikar ta ce, "Kaka, wai da gaske ba ki yafe masa ba?"

Hajiya ta gyara mayafi. "Ya dawo da gonar tukuna."

Ni da na ɗauka aikinmu tsakanin kaset da kwamfuta yake. Ashe marubuci ya ba da labari, ƴan kallo suka gyara shi a dandamali, kyamara ce ta zo a ƙarshe. Don haka in kaset ya lalace a hannunku, kada ku yi saurin yankewa, kada kuma ku ruga neman littafi irina. Ku fara tambaya ko akwai wanda ya rage da rai cikin mutanen da ke hoton.