Rigar da Aka Ɗinke a Barandar Kotu

Mai Zare ake ce mata, don ba ka taɓa ganinta babu silin zare a jikinta ba, ko a gefen baki ko a kafaɗa. Ba sabbin kaya take ɗinkawa ba, gyara ne aikinta: aljihun da ya ɓule, zik ɗin da ya ƙi hawa, wandon ɗan makaranta da gwiwa ta cinye. Keken ɗinkinta na gindin taga a ɗakin haya guda, inda hasken safe ke sauka daidai kan allura. Tun tana ƙarama idonta ba ya iya wuce yagewa. Ta taɓa bin wata baƙuwa har cikin mota don kawai ta ɗaure mata maɓallin da ke lilo.

Shekara goma sha ɗaya ta yi da mijinta, mai walda, suka haifi 'ya ɗaya da suke kira Tsuntsuwa saboda surutu. Auren bai ɓarke da ƙara ba, sirancewa ya yi ta yi kamar tsohon yadi. Daga ƙarshe mijin ya kwashe kayansa ya koma bayan shago, maganar rabuwa ta je kotu, ita kuwa kotu ba ta san gaggawa ba. Ɗinkin gyara yana ciyar da baki biyu, amma ba ya riƙe ɗaki. Mai gidan haya ya ba ta zuwa ƙarshen wata.

Wata lauya mai taimakon marasa ƙarfi ce ta gaya mata ba sai ta jira hukunci ba. Tana iya roƙon alƙali ya sa mijin ya riƙa ba da na abinci da na haya, nata da na yarinya, kafin shari'a ta ƙare.

Ranar zaman, yayarta mai sayar da robobi ce ta raka ta, mace mai baki kamar rediyo. Suna kan benci a baranda sai ga mai walda cikin wata riga abin tausayi, hannun na reto, aljihun ya saki baki. Yaya ta zungure ta, ta ce ai talauci ya sako don alƙali ya gani, kada ta ko kalle shi.

Mai walda ya zauna can ƙarshen bencin. Aka yi ta kiran wasu. Mai Zare ta kalli fanka, ta kalli bango, ta kalli ƙafarta, amma hannun rigar nan sai kiranta yake. Da abin ya ishe ta, ta zaro allura daga jaka.

"Baban Tsuntsuwa, matso."

"Me kuma na yi?"

"Ɗaga hannu kawai."

Jikinsa ya riga tunaninsa, ya ɗaga. Yaya ta dafe kai tana raɗa mata cewa yau ta kashe kanta da kanta, duk wanda ya gan su zai ce sun shirya. Ita dai ta ci gaba da ɗinki har ta gama hannu, ta gama aljihu, ta datse zaren da haƙori. Masinjan kotu da ke tsaye a bakin ƙofa ya yi murmushi ya shige ciki.

Maganar Yaya ta tabbata. Suna shiga, tsohon alƙalin ya leƙo ta saman tabarau, ya ce an ba shi labarin ana ɗinki a barandarsa. In sun sasanta ne, ya rufe takarda kowa ya huta. Mai Zare ta tuna da wa'adin ƙarshen wata. Ta hango kekenta a kan amalanke, Tsuntsuwa na biye da jakar makaranta.

"Ranka ya daɗe, riga na gyara," in ji ta a hankali. "Auren ya fi ƙarfin allurata."

Dariya ta zaga ɗakin, har magatakarda ya ajiye biro. Alƙali ya juya ga mai walda, ya tambaye shi yadda sana'a take. Da ganinsa ya zo da jawabin da ya haddace, na babu wuta, babu ciniki. Ya buɗe baki, sai idonsa ya sauka kan ɗinkin, ƙanana a jere kamar haƙoran jariri. Ya daɗe yana shafawa da babban yatsa. Sannan ya ce aiki akwai, yana ma da ƙofofin wani sabon gini a hannu. Rigar kuma shi ya yaga ta da safe, abokai ne suka ba shi shawara.

"Allah ya shirye su," in ji alƙali. Ya rubuta cewa duk farkon wata mai walda zai kawo na haya da na abinci ta hannun kotu, har ranar da za a yanke hukunci.

A hanyar gida Yaya ba ta daina faɗa ba, sai dai tana yi dariya na ƙwace mata. Mai Zare kuwa takardar ta rungume a ƙirji, ta wuce kai tsaye wajen mai gidan haya. Ya karanta sau biyu, ya ce to, ai dama shi ba ya son rabuwa da mutanen kirki. Ya shiga ciki ya fito mata da wanduna uku na gyara.

Bayan wata biyar aka raba auren lafiya, ba tare da kowa ya ɗaga murya ba. Har yau Mai Zare tana ɗakin. Mai walda kan kawo kayan aikinsa da tartsatsi ya huda, ya yi sallama daga waje, ya zauna kan benci ya jira layinsa. Tsuntsuwa na fitowa ta haye cinyarsa, ta soma ba shi labarin makaranta tun daga ranar Litinin.