Goro Ba Ya Fitar da Giya Daga Jini

Kafin in lalace, ɗinki nake koyo a unguwarmu Nima wajen wani tela abokin mahaifina. Ba na wasa da sallah, kuma mahaifiyata mai sayar da waakye, wato shinkafa da wake, ba ta da abin alfahari kamar ni. Kwaɗayi ne ya fara ja na. Na ɗauki ragowar yadin mutane na sayar, ba wanda ya gane, sai hannuna ya saba.

A shataletalen Circle na haɗu da Awudu, ɗan unguwar Maamobi, mutum mai barkwanci, wanda kowane aboki "chale" yake ce masa. Muka haɗa sana'ar banza: ni in tuƙa babur, shi ya fizge wayar masu tafiya a bakin titi. Shi ko ɗanɗana giya bai taɓa yi ba. Ni kuwa matsoraci ne, da biya nake korar tsoron.

Ɗan Zongo ba ya zama ya sha a tsanake, kada wani Alhaji ya gifta ya kai labari gida. Bayan kiyos nake laɓewa, in kafa kai in shanye kwalabe a tsaye, cikina babu komai. Sannan in tauna goro, in kurɓi shayi mai ɗaci, in ce na wartsake. Har wasu nake koya wa wannan dabarar, ni ga malami.

Ranar da abin ya faru, da la'asar, Awudu ya dube ni ya ce, "Chale, idonka ya yi ja. Mu bar shi gobe."

Na ce, "Na ci goro, abokina. Hau kawai."

Ya hau, domin ya yarda da ni.

A hanyar Kanda ya fizge wayar wata mata, na murɗa wuta. Wata motar haya, trotro, ta tsaya a gabana. Na gan ta sarai, amma kafin ƙafata ta kai birki mun daki bayanta. Ni hannu kawai na karya. Awudu ƙashin bayansa ne ya karye.

A asibiti, ɗan sanda na tsaye a kaina, likita ya ce jinina cike yake da giya. Na ce ai na ci goro. Ya girgiza kai, ya ce goro ido kawai yake buɗewa. Giyar da aka kwankwaɗa da sauri a kan yunwa nan da nan take shiga jini, ta ci gaba da hauhawa bayan an ajiye kwalba, kuma hanta ce kaɗai ke fitar da ita, sannu a hankali. Ashe lokacin da nake jin na fi kowa natsuwa, lokacin ne ta fi yawa a jikina.

Na yi shekaru a kurkuku, ba ranar da ban yi nadama ba. Na fito, na tuba, na koma kan keken ɗinki.

Ƙannena, kada ku fara ɗaukar abin da ba naku ba, komai ƙanƙantarsa. Kada kuma ku yarda da mashayi idan ya ce muku ya wartsake, domin kan da zai auna maye shi ne giyar ta fara kamawa.

Yanzu kowace Juma'a ni nake tura Awudu a keken guragu zuwa masallaci. Bai taɓa zagina ba, da ma ya zage ni in samu sauƙi. Idan muka iso bakin kwata, sai ya riƙe hannun keken da ƙarfi, ya ce, "A hankali, chale."